Ka kasa biyan bashin da kotu ta yanke? Kada ka tsallaka Ƙonni

Sau biyu ana rufe iyakar Najeriya da Nijar da ke Illela a 'yan shekarun nan: daga Agustan 2019 zuwa Disambar 2020, sai kuma bayan juyin mulkin Nijar na Yulin 2023 har zuwa Maris 2024. Jarin mutane da dama ya karye. Wani albasarsa ta ruɓe a cikin mota, wani ya ɗauki shanu bashi a kasuwar Lahadi, sefa ta hau, naira ta faɗi. Magana ta kai gaban alƙali, aka yanke wa wanda ake bi bashi biyan kaza duk wata. Ya biya na farko, ya biya na biyu, na uku babu.

A nan ne mutanenmu ke yin kuskure. Sai mutum ya kashe waya, ya hau babur ya tsallaka Ƙonni, cikin Nijar, wajen dangi, wai sai ƙura ta lafa. Wannan gudun ne ke mayar da wanda ya rasa ya zama wanda ya ƙi, kuma duk hukuncin a kan bambancin nan yake rataye.

A fiƙihun Malikiyya da kotunan shari'a na Jihar Sakkwato ke aiki da shi, wanda aka tabbatar ba shi da hali ana yi masa jinkiri har ya samu, kamar yadda aya ta 280 ta Suratul Baƙara ta umarta. Wanda ake tsarewa shi ne mai ɓoye dukiya, ko wanda ba a san halinsa ba har sai an bincika. Dokar tarayya ta zartar da hukuncin kotu ma haka take: a kira ka, a rantsar da kai, a tambayi abin da kake samu. Mai hali da ya ƙi biya, ko wanda ya kwashe kaya don ya zille, yana iya kwana a gidan yari. Kuma zaman gidan yarin ba ya goge ko kwabo daga bashin.

To, ka koma kotun da ta yanke hukuncin, tun kafin ranar biya ta wuce. Ka nemi a rage abin da kake bayarwa duk wata ko a ƙara maka lokaci. Ka tafi da hujja: littafin ciniki, rasit, dillalin da ya san asarar. Idan kun sasanta da mai kuɗin a ƙofar gidan hakimi, madalla, amma a kai takardar sulhun kotu ta shiga rijista. Ɗaukaka ƙara kaɗai ba ya hana a kwashe kaya. Sai ka nemi umarnin dakatarwa daban.

Mai bin ka ma yana da iyaka. Ma'aikacin kotu ne kawai zai iya kama kaya, da takarda a hannu, ba samarin unguwa ba. Kayan ɗakin matarka nata ne, tana da damar zuwa kotu ta ce a sake su. Gida da gona ba a taɓa su sai kayan ɗauka sun kasa, kuma sai da izinin kotu. Dokar 'yan sanda ta 2020 ta hana kama mutum saboda bashi kawai, ta kuma hana kama ɗanka ko ƙaninka a madadinka, ko da yake har yanzu ana yi.

Wanda ba shi da kuɗin lauya ya nemi ofishin Hukumar Ba da Agajin Shari'a, wato Legal Aid Council, a birnin Sakkwato. Duk abin da za ka biya, ko naira dubu biyar ce, ka biya ta hannun kotu, ka karɓi rasit.