Mahmuli a Mantiƙin Lissafi da Bambancinsa da Yankin Bayani na Nahawu

Masu nazarin nahawun Hausa sun saba raba jimla gida biyu, wato yankin suna da yankin bayani. Wannan rabo ya daɗe. A kan irinsa Aristotle ya gina mantiƙinsa, kuma shi malaman Musulunci suka gada, suna kiran abin da ake magana a kansa maudu'i, abin da aka ɗora masa kuma mahmuli. Da waɗannan kalmomi ɗaliban zaure suka san fannin, ta hanyar littattafai irin su Sullam na Al-Akhdari, malamin Aljeriya na ƙarni na 16. Sai dai mahmulin da mantiƙin lissafi yake nufi ya sha bamban da wancan, kuma ɗaukar su abu guda kuskure ne mai sauƙin aukuwa ga mai nazarin ma'ana.

Sauyin ya samo asali ne daga Gottlob Frege, masanin lissafi na Jami'ar Jena a Jamus, cikin littafinsa Begriffsschrift na 1879. A tsarin da ya biyo bayansa, mahmuli shi ne abin da ya saura idan aka cire sunaye daga jimla, aka bar gurabensu. Idan aka cire "Audu" daga "Audu malami ne", sai a sami "x malami ne", a rubuta M(x). Wannan ba gaskiya ba ne, ba kuma ƙarya ba, har sai an cike gurbin.

Amfanin hakan yana fitowa ne a jimlar da ta ƙunshi suna fiye da ɗaya. A "Audu ya sayar wa Binta goro", nahawu yakan keɓe Audu a matsayin aikau, ya tattara sauran a yankin bayani. Mantiƙin lissafi kuwa yana ganin mahmuli guda mai gurabe uku, S(x, y, z), wato mai sayarwa, da wanda aka sayar wa, da abin sayarwa. Aikau bai fi karɓau daraja ba a nan. Jerin guraben ne kawai ke bambanta su. Da wannan aka warware matsalar da ake jingina wa Augustus De Morgan na Ingila: kowa ya yarda cewa idan duk doki dabba ne, to kan doki kan dabba ne, amma tsarin Aristotle ba shi da hanyar tabbatar da hakan, domin "x kan y ne" gurabe biyu gare shi.

Ban da suna, ana ɗaure gurbi da alamar "duk" (∀) ko ta "akwai" (∃), kuma wadda ta gabata a cikinsu ita ke juya ma'ana. A ɗauki G(y, x) a matsayin "y ta fi x girma" a tsakanin lambobin ƙidaya. ∀x∃y G(y, x) na nufin kowace lamba tana da wadda ta fi ta, kuma gaskiya ne. ∃y∀x G(y, x) kuwa na nufin akwai lamba ɗaya da ta fi kowace lamba, wanda ƙarya ne. Irin wannan harshen damo ne ke cikin "Kowane ɗalibi ya karanta wani littafi": littafi ɗaya ne ga kowa, ko kowa da nasa?

Dirka ma tana buƙatar lura. A "Abuja birni ce" an ɗora wa Abuja siffa, mahmuli mai gurbi ɗaya ke nan. A "Abuja ce babban birnin Nijeriya" kuwa an daidaita abu biyu ne, x = y, gurabe biyu. Nahawu yakan kira "ce" ɗin duka biyu dirka, alhali matsar da ita kusa da sunan farko da Hausa ta yi a jimla ta biyu yana tafiya ne tare da wannan bambanci.