Daga Ƙofar Kabuga Zuwa Barikin Shadawanka: Yadda Igwa Ta Koma Aikin Lissafi

Matafiyin da ya tashi daga tashar motocin Bauchi a Jos, ya bi Titin Bauchi ya wuce Jami'ar Jos da Naraguta, ya gangara ta Tilden Fulani da Toro, ba lalle ya san cewa hanyar da yake kai ita ce ta haɗa wasu muhimman cibiyoyin soja biyu ba. A bayansa akwai hedikwatar Runduna ta 3 da ke Rukuba. A gabansa, bayan tafiyar kilomita kusan 130, akwai Barikin Shadawanka, mazaunin Birged ta 33 ta manyan bindigogi, wadda take ƙarƙashin wannan runduna. Wani lokaci yakan yi kiciɓis da motar soja tana jan igwa a lulluɓe da tamfol, ya kauce ya ba ta hanya. Ƙarfen nan da ake ja shi ne abin da ido ke gani, amma a yau shi ne ɓangare mafi sauƙi na aikin.

Igwa ba baƙuwa ba ce a ƙasar Hausa. Sarkin Damagaram Tanimu, wanda ya rasu a 1884, ya sa maƙeransa sun zuba masa igwogi a cikin birninsa, kuma Rabe ya shigo Barno da nasa. Sai dai irin waɗannan bindigogi ƙararsu ta fi ɓarnarsu yawa. Sun fi amfani wajen firgita dawaki da ɗaga martabar sarki.

Abin da ya sauya lissafin yaƙi shi ne 'yar ƙaramar igwa mai bakin milimita 75, ƙirar kamfanin Vickers da Maxim, wadda sojojin Lugga suka zo da ita. An ƙera ta ne don a riƙa kwance ta gunduwa-gunduwa ana ɗora wa alfadarai, amma a nan kawunan 'yan dako ne suka maye gurbin alfadaran. A ƙarshen Janairun 1903 Kanar Molan ya tashi daga Zariya da dakaru sama da 700 da irin wannan igwa guda huɗu. A Bebeji aka harbi ƙofar gari, aka kashe sarkin da mutanen da ke tare da shi a bayanta. Ranar 3 ga Fabrairu suka iso Kano, yayin da Sarki Alu yake Sakkwato.

A nan akwai abin lura da yawancin masu ba da labarin kan tsallake. Igwar ba ta rushe badalar Kano ba. Rahoton Lugga ya nuna kaurin gindinta ya kai ƙafa 40, kuma harsasai nutsewa suka riƙa yi a cikin jar ƙasa kamar an jefa tsakuwa a taɓo. Magina ganuwa sun san aikinsu: sun yi ƙofofi a kusurwar da mai harbi ba zai same su kai tsaye ba sai ya matso inda kibiya da bindiga za su kai gare shi. Sai da Turawa suka zagaya suka sami ƙofar da za su iya saita ta daga nesa, suka huda ta, sannan dakaru suka kutsa ta Kabuga. Wato ko a wannan rana, zaɓen abin da za a harba ne ya ci garin.

A Giginya ta Sakkwato, ranar 15 ga Maris, filin buɗaɗɗe ne, mayaƙan Sarkin Musulmi Attahiru kuma suna tsaye a sarari, don haka igwa da bindiga mai ruwa suka yi abin da aka kawo su yi. A Burmi kuwa an kori harin farko na watan Mayu, sai a 27 ga Yuli aka dawo da ƙarin ƙarfi.

A duk waɗannan yaƙe-yaƙe mai harbi yana ganin abin da yake harbi da idonsa. Wannan zamani yana gab da ƙarewa a lokacin. A 1897 Faransa ta fito da igwar da bututunta ke ja da baya ya koma mazauninsa da kansa bayan kowane harbi, ba tare da an sake tura ta an sake saiti ba, abin da ya sa take iya sakin harsasai 15 a minti guda. Igwar da ta tsaya a fili gaban irin wannan ta zama nama. Yaƙin Rasha da Japan na 1904 zuwa 1905 ya tabbatar da haka, masu igwa suka koma bayan tuddai. Daga nan aiki ya rabu uku: mai hange yana gaba da tabarau da waya, masu lissafi suna tsakiya da taswira, masu harbi suna baya ba sa ganin komai sai lambobin da aka ba su. A Kambare ta Faransa, cikin Nuwamban 1917, sojojin Ingila sun buɗe wuta da igwogi kusan dubu ba tare da harbin gwaji ba, bisa awon ƙasa da lissafi kaɗai.

Sojojin Nijeriya sun koyi nasu darasin a kusa da gida. A Garwa, cikin Yunin 1915, ƙananan igwogin ba su yi wa ramukan Jamusawa komai ba, sai da aka hawo da babbar igwar jirgin ruwa ta kogin Binuwai, Faransawa ma suka kawo tasu, sannan garin ya miƙa wuya. A Dutsen Mora kuwa Jamusawa sun daure har Fabrairun 1916. Duwatsu irin na Mandara, ko irin na Shere da ke gabashin Jos, ba sa jin harbin kai tsaye. Suna buƙatar harsashin da zai tashi sama ya sauko a bayan dutse.

Bayan samun 'yancin kai sashen ya girma da yaƙin basasa, aka kafa makarantarsa a Kachiya, hedikwatarsa kuma tana Kontagora. Daga cikinsa ne Janar Domkat Bali na Langtang ya fito, wanda ya riƙe Ma'aikatar Tsaro daga 1984 zuwa 1990, haka ma Janar Gado Nasko da tsofaffin ma'aikatan Abuja za su tuna a matsayin Ministan Birnin Tarayya. An sayo bindigogi daga ko'ina: na Italiya masu milimita 105 da 155, na Suwidin, na tsohuwar Tarayyar Sobiyat masu milimita 122, sai na Sin masu tafiya da kansu da suka iso a 2020. Kowace da irin harsashinta, da kayan gyaranta, da littafin lissafinta. Hatta ma'aunin kusurwa bai zo ɗaya ba: ƙasashen Yamma suna raba da'ira gida 6,400, tsarin Sobiyat kuma gida 6,000.

Wannan ma'auni ƙanƙane ne, amma rai ya rataya a kansa. Kuskuren gida ɗaya yana karkatar da harsashi kimanin mita ɗaya a kowace kilomita. Idan aka yi kuskuren gida goma a tazarar kilomita goma, harsashi zai faɗi mita ɗari daga inda aka nufa, kuma mita ɗari a ƙauye tana iya zama tazarar da ke tsakanin maɓoyar 'yan bindiga da masallaci. Ƙari a kan haka, Jos tana bisa tsaunin da ya haura mita 1,200, inda iska ba ta da kauri, don haka harsashi yakan wuce inda zai tsaya a Legas. Sanyin hunturu yana rage ƙarfin albarushi. Bututun da ya daɗe yana aiki yakan zaizaye, gudun harsashinsa ya ragu. Tsofaffin taswirorinmu an zana su ne bisa ma'aunin Minna, na'urar GPS kuma tana bin na duniya, kuma wanda ya cakuɗa su biyun zai sami giɓin mitoci masu yawa ba tare da ya sani ba.

Jirgi maras matuƙi ya zama sabon mai hange, ya kuma sauƙaƙa aikin matuƙa, kamar yadda yaƙin Yukiren ya nuna. Amma bai kawar da tsohuwar tambayar ba: wa ya tabbatar da abin da aka hango? Abin da ya faru a Tudun Biri ranar 3 ga Disamban 2023, inda jirgin sojan ƙasa ya hallaka masu Mauludi fiye da 80, ba harbin igwa ba ne, amma ciwon ɗaya ne. Makamin ya faɗi daidai inda aka aika shi.

A ganina, nan ne ma'aikacin da takardun kasafin tsaro ke bi ta teburinsa ya kamata ya tsaya. Sabuwar igwa tana da hoto, ana yanka mata kintinkiri, ana fareti da ita a dandalin Eagle. Harsashin atisaye ba shi da hoto. Haka na'urar auna iska, da sabunta taswira a Ofishin Babban Safiyo na Tarayya, da rediyon mai hange, da kuɗin tura ƙananan hafsoshi kwas a Kachiya. Su ne kuma layukan da aka fi saurin zaftarewa idan kuɗi sun gaza. Dokar Hukumar DICON ta 2023 ta buɗe ƙofar haɗin gwiwa da 'yan kasuwa wajen ƙera makamai a gida. Abin da ya dace mai taimaka wa ɗan majalisa ya rubuta wa maigidansa kafin zaman kwamiti shi ne a tambaya wane girman harsashi za a fara yi a Kaduna, kuma igwogi nawa daga cikin waɗanda ke Shadawanka za su iya harba shi.