Tashar Baro, Mafarin Dogon Arewa

Uwargida, ko kin san dogon da ya fara isa Kano a 1911 ba daga Ikko ya taso ba? Daga Baro ne, wani ƙauyen Nufawa a bakin Kwara, cikin Jihar Neja ta yau. A 1907 Turawa suka fara shimfiɗa shi, domin idan kogi ya cika jiragen ruwa na kawo ƙarafa har gaɓa. Nan ake sauke kaya, a loda wa jirgin ƙasa, ya bi ta Minna.

To, da aka gama gadar Jebba a 1916, sai kaya suka koma hanyar Ikko, kasuwar Baro ta fara ci baya. Yau jirgi ba ya zuwa, ciyawa ta cinye dogon. An buɗe sabuwar tashar ruwa a 2019, amma dogon yana nan kwance.