Matar da ta tace radiyam, ta kasa sayen giram ɗaya

A 1943 kamfanin MGM na Amurka ya fitar da fim mai suna Madame Curie. Greer Garson ce ta fito a Marie Curie, Walter Pidgeon kuma ya fito a mijinta Pierre, an kuma ɗauko labarin daga littafin da 'yarsu Eve ta rubuta. Fim ne mai kyau, amma da mijin ya mutu sai aka tsallake zuwa tsufanta, aka bar abin da ya fi ban mamaki a rayuwar matar.

An haifi Marie a birnin Warso na ƙasar Folan a 1867. Ta tafi Faris karatu a 1891, ta auri Pierre a 1895. Bayan shekara uku suka sanar da gano sababbin sinadarai biyu, foloniyam da radiyam, a cikin dutsen da ake samun yuraniyam, wato ma'adinin nan da ake haƙa a Arlit ta Nijar a yau. Faɗa ba wuya. Masana suka ce a nuna musu abin su auna.

Nan aiki ya fara. An kawo musu tan-tan na tarkacen ma'adini daga Bohimiya, aka ba su wata tsohuwar rumfa mai yoyo wadda a da ɗaliban likitanci ke feɗe gawa a ciki. Marie ta riƙa dafa tarkacen kilo ashirin-ashirin, tana wuni tana juyawa da sandar ƙarfe da ta kusa kai tsawonta, hayaƙi na cin idanunta, yatsunta na ƙonewa. Sai a 1902 ta samu gishirin radiyam tsantsa, kashi ɗaya cikin goma na giram. Ɗan abin da bai kai a ɗiba da yatsu biyu ba!

Da aka gane cewa radiyam na ƙone ƙwayoyin cutar daji, masana'antu suka so sanin yadda ake tace shi. Da ma'auratan sun yi rajistar mallakar dabarar, da sun yi kuɗi. Suka ƙi, suka wallafa komai ga duk mai so. An ba su lambar yabo ta Nobel a 1903 tare da Henri Becquerel. A Afrilun 1906 keken doki mai ɗaukar kaya ya take Pierre a titin Faris, ya mutu nan take. Marie ta gaji kujerarsa a jami'ar Sorbonne, mace ta farko da ta koyar a can, ta kuma sake cin Nobel ita kaɗai a 1911.

To, a 1920 wata 'yar jarida Ba'amurkiya, Marie Meloney, ta je hira da ita, ta tambaye ta abin da ta fi buƙata. Marie ta ce giram ɗaya na radiyam, domin ta ci gaba da bincike. Farashinsa a lokacin dala 100,000 ne, kuma matar da ta koya wa duniya tace shi ba ta da halin saye. Meloney ta koma gida ta kafa gidauniya, matan Amurka masu hali da marasa hali suka yi karo-karo har kuɗin suka cika.

Ranar 20 ga Mayu 1921 aka shirya Shugaba Warren Harding zai miƙa mata kyautar a fadarsa ta Washinton. Ana gobe biki aka nuna mata takardar kyautar, ta ga an rubuta radiyam ɗin da sunanta, ma'ana idan ta mutu ya zama gadon 'ya'yanta. Ta ce ba ta yarda ba. A daren aka nemo lauya, ya sake rubuta takardar yadda radiyam ɗin zai tsaya a aikin bincike, sannan washegari ta je ta karɓa.