Japan: Alƙawarin Rage Haraji a Ƙasar da Bashi Ya Yi wa Katutu

A zaɓen majalisar dattawan Japan na Yulin 2025, bayan farashin shinkafa ya kusa ninkawa cikin shekara guda, jam'iyyun adawa sun yi alƙawarin rage harajin sayen kaya, wanda yake kashi 10 cikin 100 tun 2019. Gwamnatin Shigeru Ishiba ta ce za ta raba wa kowa yen 20,000, amma duk da haka ta rasa rinjaye.

Ba mu ga laifin magidancin da tsada ta matsa wa ba. Sai dai bashin gwamnati ya haura ninki biyu na abin da ƙasar ke samarwa a shekara. Harajin nan kuwa da shi ake tallafa wa fanshon tsofaffi da maganinsu, a ƙasar da masu shekara 65 zuwa sama suka kusa kashi 30 cikin 100.