Katalin Karády: tauraruwar fim ɗin Hangari da ta fanshi yara da gwal ɗinta

A farkon shekarun 1940, da wuya a sami matar da ta kai Katalin Karády suna a ƙasar Hangari. An haife ta a Budapest a Disambar 1910, cikin gidan talakawa mai 'ya'ya da yawa, kuma sunanta na asali Katalin Kanczler. Fim ɗinta na farko, Halálos tavasz, ya fito a 1939, nan take ta zama abin magana. Muryarta mai kauri da waƙoƙinta na bege sun shiga gidajen jama'a ta rediyo, 'yan mata kuma suka riƙa kwaikwayon gyaran gashinta da shigarta. Cikin shekara goma ta fito a fina-finai kusan ashirin, mafi yawansu lokacin Yaƙin Duniya na Biyu.

A Maris ɗin 1944 sojojin Jamus suka mamaye Hangari. Wata guda bayan haka 'yan sandan asirin Nazi, wato Gestapo, suka kama ta bisa zargin yi wa abokan gaba leƙen asiri. Kusancinta da Janar István Ujszászy, babban jami'in leƙen asirin ƙasar, na cikin abin da ya jawo mata. Ta yi wata uku a tsare, ana dukanta ana azabtar da ita, an kuma wawashe gidanta.

Wanda ya fito daga irin wannan hali, ba za a ga laifinsa ba in ya ɓuya. Ita ba ta yi haka ba. A ƙarshen shekarar, lokacin da 'yan bindigar jam'iyyar Arrow Cross ke kai Yahudawa bakin Kogin Danube suna harbewa, ta ba su gwal da kayan adonta don su saki wasu yara. Ta kai yaran gidanta, ta ɓoye su tana ciyar da su har yaƙi ya ƙare a birnin.

Gwamnatin 'yan gurguzu da ta hau mulki daga baya ba ta saka mata da alheri ba. An ɗauke ta a matsayin tauraruwar tsohon zamani, aka hana nuna fina-finanta. A 1951 ta tsallake iyaka, ta zauna a Turai, sannan São Paulo a Brazil, daga ƙarshe New York, inda ta buɗe shagon huluna ta kuma guji 'yan jarida.

Ba ta sake taka ƙasarta ba. Ta rasu a Fabrairun 1990, aka kai gawarta Budapest aka binne a maƙabartar Farkasréti. A 2004 cibiyar Yad Vashem da ke Kudus ta sa sunanta cikin waɗanda suka sa ransu a haɗari don ceton Yahudawa.