Ko Kun Sani? Gadon da Kason Magada Ya Fi Dukiyar Yawa

Akwai rabon gadon da in aka haɗa kason magada sai ya zarce dukiyar da aka bari. Mace ce ta rasu ta bar miji da 'yan'uwa mata biyu shaƙiƙai, ba ɗa, ba iyaye. Miji na da rabi, 'yan'uwan na da biyu bisa uku. A kasa dukiyar gida 6: miji 3, su 4. Bakwai ke nan! A zamanin Halifa Umar aka warware wannan da hukuncin da malamai ke kira aulu: a kasa dukiyar gida 7, ragin ya taɓa kowa gwargwadon rabonsa. In naira 700,000 ta bari, miji ya ɗauki 300,000, kowace 'yar'uwa 200,000.